Alƙali Ba Ya Gyaran Takarda

Jawabi kan rigingimun maki a jarrabawar ɗaukar malamai, da abin da kotunan Indiya suka gani



Sanin kowa ne cewa a ƙasar da guraben aiki suka yi ƙaranci, masu takardar shaidar karatu kuwa suka yi yawa, jarrabawar ɗaukar ma'aikata, wadda ƴan boko ke ce wa konkur, ita ce ƙofar da ta rage wa ɗan talaka. Ba ya da kawu a ofis, ba ya da katin jam'iyya mai mulki. Abin da yake da shi alƙalami ne da takarda da awa biyu ko uku a ɗakin jarrabawa. Idan aka yi wasa da makin wannan takarda, an taɓa albashin shekara talatin, an taɓa gidan da zai ci daga albashin, sannan an cuci yaran da za a tura wa malamin da bai cancanta ba. Shi ya sa ɗan takarar da ya ga an zalunce shi yake nufar kotu. Tambayar da ke gaban wannan taro ita ce: in ya je, me alƙali yake iya yi masa?

Ƙasashe kaɗan ne suka sha wannan tambaya kamar Indiya. Can ƙarar maki ta zama ruwan dare, har Kotun Ƙolin ƙasar ta yanke hukunci a kanta sau da dama. Abin da waɗannan shari'o'i suka nuna shi ne alƙali yakan iso a makare, kuma in ya iso abin da ke hannunsa kaɗan ne. Abin da ke kare ɗan takara da gaske shi ne ƙa'idar da aka rubuta kafin jarrabawa, da takardar da aka adana bayanta.

Yadda ake jarrabawar

A Indiya kowace jiha ke ɗaukar malamanta ta hannun hukumar da ta kafa don haka. Da yake masu neman aikin sukan kai dubu ɗaruruwa, wani lokaci miliyoyi, galibin jarrabawar ba ta rubutun zube ba ce irin wadda aka saba a nan, inda malami ke karanta takarda ya ba da maki bisa 20. Kowace tambaya tana zuwa da amsoshi huɗu, ɗan takara ya zaɓi ɗaya ya cike ɗan da'irar da ke gabanta da alƙalami. Na'ura ke karanta takardar, ta gwada ta da jerin amsoshin da hukuma ta tsayar, ta fitar da maki. An ɗauki wannan hanya ne don a kawar da son ran mai gyara, tunda na'ura ba ta san ɗan wane ba. To amma na'ura abin da aka ba ta take bi. In amsar da hukuma ta tsayar kuskure ce, wanda ya san gaskiya ya faɗi, wanda ya yi kuskure irin na hukuma ya ci. Kuma inda mutum dubu ɗari ke takara, maki ɗaya tak yana iya raba ɗaruruwan mutane da aiki.

Ta wurare uku rigima ke ɓullowa. Akwai amsar da hukuma ta ce ita ce daidai, akwai makin da aka ce sai an kai shi za a tsallake, akwai kuma ita takardar kanta: shin makin da aka buga shi ne wanda ke kanta? Kowane ɗaya daga cikinsu yana da shari'ar da ta bayyana shi.

Shekara takwas kan tambaya bakwai

A shekarar 2009 hukumar ɗaukar malaman sakandare ta jihar Utar Paradesh, jihar da ta fi kowace yawan jama'a a Indiya, mai kusan mutum miliyan 200 a ƙidayar 2011, ta yi shelar guraben malaman ilimin zaman jama'a. Sama da mutum 36,000 suka zauna jarrabawar, sakamako ya fito a 2010, waɗanda aka zaɓa suka kama aiki. Wasu daga cikin waɗanda suka faɗi suka garzaya babbar kotun jihar da ke Alahabad, suna cewa amsoshin hukuma na tambayoyi bakwai ba daidai suke ba. Alƙalin da ya saurari ƙarar ya duba tambayoyin da kansa, ya tsayar da amsar da ya ga ta dace, ya ce a sake gyara. Da aka sake gyara sai jerin sunaye ya sauya, waɗanda a da suka ci yanzu suka faɗi, su ma suka kai tasu ƙarar. Kotu ta miƙa tambayoyin ga masani, aka ba da umarnin gyara na uku. Jarrabawa ɗaya, sakamako uku, kuma kowane sakamako da nasa masu kuka.

Sai ran 11 ga Disamba na 2017, shekara takwas bayan jarrabawar, Kotun Ƙoli ta rufe maganar, a hukuncin da alƙali Madan Lokur ya rubuta. Ƙa'idojin da ta shimfiɗa su ne waɗannan. In dokar jarrabawa ta yarda da sake gyara, a yi. In ta yi shiru, kotu ba za ta ba da wannan umarni ba sai a lokuta ƙalilan, inda aka nuna kuskure ƙarara ba tare da dogon lissafin hujja ba. Alƙali kada ya zauna yana gyaran takarda da kansa, domin ba fanninsa ba ne. A ɗauka cewa amsar hukuma daidai ce har sai an tabbatar da akasin haka, in kuwa akwai shakka, hukumar jarrabawa ce za ta ci moriyarta. Tushen wannan magana ya koma 1983, ga wata shari'ar jarrabawar shiga karatun likita ta Jami'ar Kanpur, inda kotun ta ce sai an nuna cewa babu taron masana fannin da zai karɓi amsar hukuma kafin a rushe ta. A wancan karon ɗalibai sun yi nasara, domin littattafan karatu sun fito fili sun ƙaryata hukuma.

Mai sauraro zai ce wannan ai ɗaure wa hukuma gindi ne, kuma yana da hujja, tunda ɗan takarar da ke da gaskiya amma ya kasa kawo shaidar da ba ta da ja zai koma gida hannu rabbana. Sai dai kotun ta dubi ɗaya ɓangaren. Mutum 36,000 sun yi shekara takwas ba su san matsayinsu ba, wasu suna koyarwa da fargabar kora, wasu suna jiran kiran da bai zo ba, shekarunsu na wuce iyakar ɗaukar aiki. A ƙarshe ma kotun raba gardama ta yi: waɗanda suka riga suka kama aiki a bar su, waɗanda gyara na uku ya fito da su a ƙirƙira musu ƙarin gurabe. Baitulmali ya biya kuɗin kuskuren da aka iya kamawa cikin mako guda da an buɗe ƙofar ƙorafi tun farko.

Masu ilimin shari'a na wannan ƙasa ba za su ji wannan ƙa'ida baƙuwa ba. A dokar Faransa, wadda Nijar ta gaji tsarinta, alƙalin da ke shari'a tsakanin ɗan ƙasa da hukuma ba ya shiga cikin ƙimar da kwamitin jarrabawa ya ba takarda. Yana duba ko an kafa kwamitin bisa ƙa'ida, ko an yi wa ƴan takara adalci iri ɗaya, ko tambaya ta fita daga manhajar da aka sanar, ko an yi kuskuren haɗa lissafi. Amma cewa wannan amsa ta cancanci 12 ba 8 ba, wannan ba ya taɓa shi. Indiya ta gaji tsarin Ingila, Nijar ta gaji na Faransa, amma a kan wannan batu bakinsu ɗaya.

Makin da aka yanke bayan an tashi daga jarrabawa

Shari'a ta biyu ma daga Utar Paradesh take, kuma ta shafi mutanen da halinsu ya yi kama da na malaman kwantiragi na Nijar. Jihar ta daɗe tana cike guraben firamare da mataimakan malamai da ake ɗauka daga cikin ƙauyuka bisa ɗan alawus, waɗanda ake kira Shiksha Mitra. Gwamnati ta mai da dubbansu cikakkun malamai ba tare da sun cika sharuɗɗan doka ba, sai Kotun Ƙoli ta soke wannan mataki a watan Yuli na 2017, amma ta ce a ba su dama sau biyu a jarrabawar ɗaukar aiki, a kuma yi musu ƙari saboda shekarun da suka yi a aji.

Dama ta farko ta zo a 2018, da gurabe 68,500, makin tsallakewa kuwa kashi 45 cikin 100 ga kowa, kashi 40 ga rukunonin da kundin tsarin mulki ya ware wa kaso saboda danniyar da suka sha a tarihi. Dama ta biyu ta zo ran 6 ga Janairu na 2019, da gurabe 69,000, tambayoyi 150, ƴan takara sama da dubu 400. An shiga ɗakin jarrabawa ba a faɗi makin tsallakewa ba. Washegari, ran 7 ga wata, gwamnati ta sanar da shi: kashi 65 ga kowa, kashi 60 ga rukunonin da aka ware. Mataimakan malamai, waɗanda da yawansu sun manyanta kuma sun daɗe da barin karatu, suka ga an rufe musu ƙofa bayan sun shiga zaure, domin ƙarin da aka yi musu alkawari ba ya aiki sai ga wanda ya tsallake.

Daga nan sai hawa da sauka. A watan Maris na 2019 alƙali guda na babbar kotun, a zamanta na Lakno, ya soke sabon makin. A watan Mayu na 2020 zaman alƙalai biyu ya maido da shi, sakamako ya fito, kimanin mutum dubu 146 suka tsallake. Ran 18 ga Nuwamba na 2020 Kotun Ƙoli ta tabbatar da kashi 65 da 60, bisa dalilin cewa dokar ɗaukar malaman ta ba gwamnati ikon tsayar da maki lokaci zuwa lokaci, kuma neman malamai mafi ƙwazo manufa ce mai kyau. Abin lura a nan shi ne mataimakan malaman sun faɗi shari'a ne saboda jimla ɗaya da ke cikin doka, wadda aka rubuta tun kafin a san da rigimar. Wannan ya ƙara fitowa fili a watan Nuwamba na 2024, sa'ad da zaman alƙalai biyar na Kotun Ƙolin ya ce ba a sauya sharuɗɗan ɗaukar aiki bayan an fara, sai fa in doka ko sanarwar farko ta ba da wannan dama. Ke nan ƙungiyar malaman da ba ta karanta sanarwar jarrabawa da idon basira ba ranar da ta fito, ta riga ta yi asarar rabin shari'arta.

Rigimar gurabe 69,000 ba ta tsaya nan ba. A watan Yuni na 2020 wani alƙali ya dakatar da ɗaukar aikin baki ɗaya saboda gardama kan amsoshin wasu tambayoyi, ya ce a kai su ga hukumar kula da jami'o'i ta ƙasa, bayan ƴan kwanaki zaman alƙalai biyu ya ɗage dakatarwar. A watan Agusta na 2021 babbar kotun ta yarda cewa tambaya ɗaya ba ta da amsa sahihiya cikin zaɓin da aka bayar, ta ce a ƙara maki ɗaya ga masu ƙarar da maki ɗaya ya hana su tsallakewa, Kotun Ƙoli ta bar wannan hukunci yadda yake a 2022. A watan Agusta na 2024 kuma babbar kotun ta ce a sake jerin sunayen gaba ɗaya, saboda ba a bi ƙa'idar kason rukunonin da aka ware ba, Kotun Ƙoli ta dakatar da wannan umarni a watan Satumba. Yaron da ya shiga ajin farko a shekarar da aka yi jarrabawar ya kusa gama firamare alhali ana ta jayayya kan wanda ya cancanci koyar da shi.

Takardun da aka lalata

Shari'a ta uku ta fi sauran muni. A 2016 hukumar ɗaukar ma'aikatan makarantu ta jihar Bangal ta Yamma ta shirya jarrabawar malaman sakandare da sauran ma'aikata. Kimanin mutum miliyan 2 da dubu 300 suka nemi gurabe 24,640. Da aka zo ƙidaya, takardun kama aiki 25,753 aka bayar, wato fiye da guraben da ake da su. Ƴan takarar da suka ga an tsallake su an ɗauki na ƙasa da su suka yi zaman dirshan a titunan Kalkata, suka kuma kai ƙara. Babbar kotun jihar ta sa hukumar binciken manyan laifuffuka ta tarayya, CBI, ta shiga lamarin. A watan Yuli na 2022 aka kama Partha Chatterjee, wanda ya riƙe ma'aikatar ilimin jihar daga 2014 zuwa 2021, bisa zargin hannu a badaƙalar.

Da kotu ta nemi ganin takardun amsa, sai hukumar ta ce ta lalata su, tana kafa hujja da ƙa'idar da ta ba ta damar yin haka bayan shekara guda. Hotunansu ma ba ta adana a kwamfutarta ba. Masu bincike ne suka gano kwafin hotunan a faifan kwamfuta a hannun wani tsohon ma'aikacin kamfanin da aka ba kwangilar karanta takardun, a garin Gaziyabad, nesa da jihar. Da aka gwada su da makin da ke cikin kwamfutar hukuma sai aka tarar da saɓani a dubban sunaye. Har da waɗanda suka miƙa takarda fara fat, ba su cike komai ba, amma aka ba su aiki.

Ran 22 ga Afrilu na 2024 babbar kotun Kalkata ta soke ɗaukar aikin gaba ɗaya. Ran 3 ga Afrilu na 2025 Kotun Ƙoli, ƙarƙashin Alƙalin Alƙalai Sanjiv Khanna, ta tabbatar da sokewar. Dalilinta shi ne maguɗin ya ratsa aikin daga tushe, kuma da yake an lalata takardun asali, ba a iya tsame mai gaskiya daga mai laifi da tabbaci. Waɗanda aka tabbatar sun shiga ta bayan gida aka ce su maido da albashin da suka ci. Sauran ba za su maido da komai ba, amma su ma aikinsu ya tafi, sai su sake zama jarrabawa. Makonni biyu bayan haka, ganin makarantu za su zama babu malamai, kotun ta ba waɗanda ba a samu da laifi ba damar ci gaba da koyarwa na ɗan lokaci, aka sake jarrabawa a watan Satumba na 2025.

A tsaya a dubi wanda wannan hukunci ya fi faɗa wa. Malamin da ya yi karatunsa, ya ci jarrabawarsa da guminsa, ya yi shekaru yana koyarwa, ya yi aure, ya ci bashin gina gida bisa albashinsa, ya wayi gari ba ya da aiki. Shaidarsa guda ɗaya ita ce takardar da ya cike da hannunsa, ita kuwa hukuma ta lalata ta. Hausawa sun ce wake ɗaya ke ɓata gari, amma a nan da an ajiye waken da an iya tsince shi. Lalata takardu ya rufa wa mai maguɗi asiri na ƴan shekaru, ya kuma ja wa mai gaskiya hukuncin da ba nasa ba.

Haƙƙin ganin takarda

Akasin wannan ma ya faru, kuma yana nuna inda mafita take. A 2005 Indiya ta kafa dokar haƙƙin samun bayani daga hukumomi. A watan Agusta na 2011 Kotun Ƙoli ta ce takardar jarrabawar da aka gyara tana cikin bayanan da wannan doka ta shafa, saboda haka mai ita yana da haƙƙin ganinta ko karɓar kwafinta, ko da yake ganin bai ba shi haƙƙin a sake gyara ba, kuma haƙƙin yana ƙarewa ne da ƙarewar wa'adin da hukuma ke ajiye takardu. Amfanin buɗe takarda ya fito a jarrabawar 2018 ta Utar Paradesh, wadda aka yi ta da rubutun hannu. Da ƴan takara suka matsa aka fito da takardunsu, sai aka ga wanda aka buga wa maki 22 alhali takardarsa na ɗauke da 122, aka ga kuma takardun da aka musanya. Aka dakatar da jami'ai, aka sake duba takardu, wasu suka sami aikinsu. Babu alƙalin da ya buƙaci sanin lissafi ko nahawu kafin ya gane bambancin 22 da 122. Gani ya kori ji.

Dokar Faransa ma tana da abin da ya yi daidai da haka. A 1953 gwamnati ta hana wasu ƴan takara zama jarrabawar shiga babbar makarantar horon ma'aikatan mulki ta ENA, su kuwa suka ce saboda ra'ayinsu na kwaminisanci ne. Babbar kotun da ke shari'a da hukuma ta nemi a kawo mata takardun da aka dogara da su, gwamnati ta ƙi. Ran 28 ga Mayu na 1954, a hukuncin da aka sani da sunan Barel, kotun ta ɗauki ƙin nan a matsayin tabbacin zargin, ta soke matakin. Hukumar da ta ɓoye takarda ta ba da shaida a kan kanta.

Abin da ya shafi wannan yanki

Wani zai ce Indiya da nisa. To, a watan Oktoba na 2017 gwamnan Kaduna Nasiru El-Rufa'i ya bayyana cewa malaman firamare 21,780 cikin 33,000 sun kasa samun kashi 75 cikin 100 a gwajin da aka yi musu da tambayoyin aji huɗu. Ƙungiyar malamai ta NUT ta ce a kan kashi 60 aka yi magana tun farko, ta kai ƙara kotun ma'aikata, ta shiga yajin aiki a watan Janairu na 2018, gwamnati kuwa ta sallami malaman ta ɗauki sababbi. Gwajin malaman da ke bakin aiki ne, amma gardamar iri ɗaya ce da ta Lakno: yaushe aka yanke makin tsallakewa, kuma a wace takarda aka rubuta shi? A Nijar ma, a watan Yuli na 2017, ma'aikatar ilimin firamare ƙarƙashin minista Dauda Mamadu Marte ta yi wa malaman kwantiragi gwaji a faɗin ƙasa, ƙungiyoyin malamai suka yi kiran a ƙaurace masa, aka kuma soke kwantiragin malamai da dama bayan haka. Babu mai musun cewa ƙasa na da haƙƙin sanin ƙwarewar wanda ta danƙa wa ƴaƴanta. Sai dai duk gwajin da abincin mutum ya rataya a kansa, dole a iya kare sakamakonsa takarda bayan takarda.

Saboda haka abin da ya kamata ƙungiyoyin malamai, da ɗaliban makarantun horon malamai na Maradi, Damagaram, Tawa da Doso, da iyayen yara su nema daga magabata bai wuce abubuwa huɗu ba, kuma lokacin nemansu shi ne kafin jarrabawa.

Na farko, sanarwar jarrabawa ta faɗi yawan gurabe, da makin tsallakewa, da nauyin kowane darasi, da yadda za a raba waɗanda suka yi kunnen doki, kuma kada a bar wata jimla da za ta ba minista damar sauya ɗaya daga ciki bayan an karɓi takardun ƴan takara.

Na biyu, da an tashi daga jarrabawa a buga amsoshin hukuma da ma'aunin raba maki, a ba da ƴan kwanaki na ƙorafi, a miƙa ƙorafin ga malaman da ba su ne suka tsara tambayoyin ba, su ba da amsa a rubuce kafin a fara gyara. Tambayar da aka ga gurguwa ce a cire ta ga kowa da kowa, wanda ya yi ƙara da wanda bai yi ba.

Na uku, a rufe sunan mai takarda kafin ta isa hannun mai gyara, takardun da suka faɗo kusa da makin tsallakewa kuwa a ba mutum na biyu ya sake dubawa, domin a nan ne maki ɗaya ke zama aiki ko zaman banza.

Na huɗu, wanda ya fi duka, a adana takardun asali, kada a taɓa su muddin akwai ƙara a gaban kotu, kuma duk ɗan takarar da ya nema a nuna masa tasa. Nijar ta kafa dokar samun bayanai da takardun hukuma a watan Fabrairu na 2011, lokacin gwamnatin riƙon ƙwarya. Babu takardar hukuma da ta fi kusa da ɗan ƙasa kamar wadda ya rubuta da hannunsa.

Jami'an ma'aikata za su ce wannan aiki ne mai yawa: ina ɗakin ajiya, ina ma'aikatan da za su karɓi ƙorafin dubban mutane, kuma in aka buɗe ƙofa kowa zai ce an cuce shi. Maganar tana da ƙamshin gaskiya, domin a kowace jarrabawa masu faɗuwa sun fi masu ci yawa, kuma ba kowane mai kuka ne aka zalunta ba. Amma a auna kuɗin ɗakin ajiya da makon ƙorafi da kuɗin shekara takwas na shari'a, ko da na makarantun da aka kwashe wa ma'aikata 25,753 rana ɗaya. Bugu da ƙari, buɗe takarda yana kare mai gyara na kirki daga ƙazafi, yana kuma rufe bakin wanda ya faɗi da gaskiya. Jami'in da hannunsa ke da tsabta ba ya da abin tsoro a ciki. Mai kaza a aljihu ne ba ya jimirin as.

Kotu tana da amfaninta, kuma ɗan takarar da aka zalunta kada ya yi shakkar zuwa gare ta cikin wa'adin da doka ta yanke. Sai dai ya san abin da zai tarar. Alƙali zai tambaye shi ƙa'idar da aka taka, zai tambayi hukuma takardar da aka gyara. In ƙa'idar ba a rubuce take ba, zai bar wa hukuma hukuncinta. In takardar ta ɓata, ko ya kori ƙarar ko ya rushe jarrabawar kan kowa. Aikin ƙungiyoyin malamai da wakilan jama'a da ƴan jarida shi ne su tabbatar da cewa ranar da aka je gaban alƙali, abubuwan nan biyu suna nan. Tun ran gini ran zane.

Allah ya ba ƙasa malamai na gari, ya ba masu riƙe da amanar jarrabawa ikon sauke ta.